Tukunyar Rubutau

Kunyar da Baba Mati ya sha a ƙofar gidan dagacin Rafin Ƙirya, da ƙafarsa ya je ya ɗebo ta, ba wanda ya aike shi. Ranar Laraba ce da hantsi. Ya sa rigar saƙin nan tasa da ba ya fito da ita sai ana biki ko an yi mutuwa, ya aza wata tsohuwar tukunya a ka, yana taku ɗai-ɗai kamar wanda aka ba ajiyar sarki. Matarsa Inna Mairo na biye da shi tana ce masa ya dubi gabansa.

Shari'ar gona ce ta tara mutane. Alhaji Awaisu, mai sayen masara da waken suya yana kaiwa kasuwar Dandume, shi ya kai ƙara. Ya ce fadamar da Mati ke nomawa ta ubansa ce, aro aka ba gidan su Mati, yanzu kuma yana son abinsa zai kafa injin ban ruwa. Mati ya ce ba aro ba ne, musaya iyayensu suka yi, gonar bakin hanya da fadama, kuma akwai takarda. Fadamar nan ita ce tuwon gidan Mati, shinkafa da damina, tumatir da albasa da rani. In aka cire ta, abin da ya rage masa wani ɗan tudu ne mai tsakuwa, wanda ko akuya sai ta yi shawara kafin ta hau.

"Ina takardar?" in ji Dagaci Maiwada.

"Tana inda ɓarawo bai zuwa, ranka shi daɗe," in ji Mati. "Shekara talatin da biyu tana hannun mai ita."

Ya sauke tukunyar a tsakiyar fili. Duk jikinta ya sha jar ƙasa tun daga gindi har wuya, kamar an yi mata yaɓe. Wani dattijo ya ce, "Mati, wannan ƙasar fa?" Mati ya ce ai Rubutau ne ya gyara ɗakinsa, mai mutunci ba ya zama a kango. Ya sa bakin lauje ya ɓamɓare murfin, ya naɗe hannun riga, ya zura hannu har damtse, yana kallon Alhaji Awaisu yana murmushi.

Murmushin ne ya fara tafiya. Ya laluba dama, ya laluba hagu. Da ya zaro hannun sai ga shi cike da ƙasa, gara na ta hawa masa jiki. Ya kife tukunyar ya bubbuga gindinta. Ƙasa ta zubo, gara ta watsu, can wani abu ya faɗo ƙwal: katin zaɓensa na roba, da hotonsa a jiki ya zare ido kamar shi ma abin ya ba shi mamaki. Wannan kaɗai gara ta bari, shi ma don ba ta da haƙorinsa ne.

Daga bayan taro wani ya ce, "Rubutau ya yi kalaci!"

Wuri ya kece da dariya. Har dagaci sai da ya ja rawani ya rufe baki, kafaɗunsa na rawa. Mati na tsaye yana kakkaɓe hammata, don gara ta riga ta shige rigar saƙi, ga cizo ga idon jama'a, ya rasa wanda zai fara sosawa.

Da aka lafa dagaci ya ce, "Baba Mati, ban yanke ba tukuna. Na ba ka kwana bakwai. Laraba mai zuwa ka kawo takarda ko shaida. In babu, fadama ta koma hannun Alhaji."

To, wanda ba ɗan yankin nan ba zai ce wane ne kuma Rubutau. Sai an fara sanin Mati.

Mati Bamaguje ne, gidansu na cikin gidaje shida ko bakwai da suka rage a bayan garin Ƙarfi a kan al'adar kaka da kakanni. Ya haura saba'in, gajere ne mai gwamen ƙafa, ga murya kamar ta mai kiran shanu daga ƙetaren rafi. Manomi ne na gidan gaskiya, in ya yi huɗa sai ka rantse da igiya ya auna. Bai taɓa zama gaban allo ba, bai taɓa shiga aji ba. In ka miƙa masa takarda yakan juya ta sau biyu, ya shinshina, ya mayar maka da abarka cikin ladabi.

A gidansu akwai iskokin da aka gada, kowa da aikinsa. Akwai ta gona, akwai na ruwan sama, akwai na daji, kowanne da irin kazar da yake so da ranar da ake ba shi. Rubutau ba ya cikin na gado. Mati ne ya kawo shi, kuma an san shekarar, don ita ce shekarar da 'yarsa Shafa'atu, tana goye, ta yi zazzaɓin da ya kusa tafiya da ita.

Suka kai ta wani asibiti a Malumfashi. Tun safe har rana ta take Mati na yi wa mai gadi bayani. Ya yi da lalama, ya yi da faɗa, ya yi rantsuwa da kabarin ubansa, ƙofa ko motsi. Sai wani mutum mai biro a aljihu ya ji tausayinsu, ya yagi 'yar takarda ya ja layi uku a kai ya ba shi. Mati ya miƙa wa mai gadi. Ƙofa ta buɗe, har da "ku shigo da sauri".

Yarinya ta warke, amma uban ya dawo gida da ciwon tunani. Shi da baki da harshe da haƙora cikakku ya kasa buɗe ƙofa, ƙyallen takarda ya buɗe. Abin da ba shi da baki yana magana, ba shi da ƙafa yana zuwa Katsina ya dawo, a ce ba iska a bayansa? Ya tara dattawa a kan ƙwaryar giya ya tambaye su sunan iskan takarda. Sarkin noma na lokacin ya ce su dai ba su gaji wannan ba.

"To shi ya sa yake cizon mu," in ji Mati. "Baƙo ne. Ya shigo ƙasar nan, malamai sun ba shi allo ya zauna, 'yan coci sun ba shi littafi ya kishingiɗa, mu ko ruwa ba mu miƙa masa ba. Kai in ka je gidan mutum ya bar ka tsaye a rana, ran da ya zo neman abu wurinka, mi za ka yi masa?"

Dattawan suka gyaɗa kai kawai, don lokacin ƙwarya ta zagaya sau huɗu. Kafin sati ya dawo Mati ya gina ɗan ɗaki kamar akurkin kaji a bayan rumbunsa, ya sa tukunya a ciki, ya raɗa wa baƙon suna Rubutau.

Sannu a hankali ya ƙera masa kamanni. Wai dogo ne siriri kamar karan gamba, yatsunsa baƙi ƙirin da tawada, harshensa a tsage kamar bakin alƙalami. Da safe yana tafiya daga dama zuwa hagu, da yamma daga hagu zuwa dama, shi ya sa rubutun malamai da na 'yan boko ba sa haɗa hanya. Wai shi ya zo da harsunan duniya duka cikin taiki a kan jaki, taikin ya fashe a mararraba, kowa ya wawuri nasa. Bafulatani ya ɗauka yana gudu bayan saniya, shi ya sa maganarsa ke birgima. Bature ya zo a makare ya tarar da guntattaki, ga mura na damunsa, sai aka ba shi alƙalami a rarrashe shi. Bamaguje kuwa yana duƙe a gona, aka yi ta kiran sa ya zo rabon rubutu, ya ce sai ya kai bakin gona. Da ya ɗago an watse.

In aka ce masa, "Baba Mati, kai fa ka ƙirƙiri abin nan, a gabanmu aka yi," sai ya ce, "Kowane iska akwai wanda ya fara yi masa sannu da zuwa. Ku dai ba ku nan lokacin sauran."

Ga yadda ake hidimar Rubutau. Sau ɗaya a shekara ake buɗe tukunyar, in hadari ya fara haɗuwa a gabas kafin ruwan shuka. Sauran kwanaki ko gobara ake yi ba a taɓa murfin. Duk takardar da ta shigo gidan cikin shekara sai a soke ta a jinka ta jira ranar: katin asibiti, takardar maganin feshi, hoton ɗan takara, har wadda aka ƙunso ƙosai a ciki in dai da rubutu a jikinta. Uwar takardun duka kuwa ita ce ta fadama, wadda aka rubuta tun Mati na saurayi, ajami a gaba boko a baya. Uban Mati, Tanimu, ya dangwala yatsa, uban Awaisu, Malam Sadiq, ya sa hannu.

Rubutau, in ji Mati, idonsa ya yi rauni saboda yawan duba, don haka ba ya karatu da kansa sai an karanta masa da ƙarfi, muryar ce abincinsa. Maƙwabta sun lura iskan ya ɗauko lalurar mai masaukinsa daidai wa daida, amma aka bar wa ciki. Kuma ba ya cin muryar 'yan gida, sai ta bare. Saboda haka kowace shekara Mati kan nemo mai karatu daga waje, ya shimfiɗa masa tabarma a gaban ɗan ɗakin, ya bi takardun ɗaya bayan ɗaya, shi kuma yana durƙushe yana gyaɗa kai. In an gama a kawo zakara mai baƙi-baƙi da fari-fari, kamar tawada a kan takarda. Mai karatun ne zai yanka da hannunsa, da irin addu'arsa. "Kai yi da naka a fili, ni in yi da nawa a ciki," haka Mati ke cewa. Jini kaɗan a ƙasa, nama kuwa duka na mai karatu ne, Inna Mairo ta soya shi da man gyaɗa ta barbaɗe da yaji. Abu na ƙarshe, a miƙa masa ƙusa ya karta sunansa a jikin tukunya, don Rubutau ya san muryar wa ya ci bana.

Suyar Inna Mairo kuwa ba ta wasa ba ce. Shekaru da yawa masu karatu har rige-rige suke, kowa da fatawarsa. Wannan ya ce ladan karatu ne, wancan ya ce shi bai ga iska ba, zakara ya gani. Shi kansa Alhaji Awaisu, lokacin bai zama Alhaji ba, yana sabon gama sakandare yana yawo da biro biyu a aljihu, shekara uku a jere shi ya yi karatun, har yana gyara murya kamar mai labaran rediyo.

Daga baya wa'azi ya yi ƙarfi ta kowane ɓangare. Liman ya hana, fasto ya hana, kuma a tarihin Rafin Ƙirya wannan ne kaɗai abin da bakinsu ya taɓa zuwa ɗaya a kai. Wanda ya yi karatun ƙarshe shi ne Iliya, ɗan wani abokin Mati, mai gyaran babur. Da ya koma Kafur da zama, shi ke nan, shekara uku ba a sami mai karatu ba, shekara uku ba a ɗaga murfi ba. Zaɓe ma ya zo ya wuce Mati bai yi ba don katinsa na ciki, ya ce bai ga abin da ya rasa ba.

Ba wai ba a yi masa faɗa ba. Inna Mairo ta ce ya ciro takardar fadama ya sa a leda. Ya ce iska bai numfashi a leda. Shafa'atu, wadda yanzu ma'aikaciyar lafiya ce tana aure a Malumfashi, ta ce ya bari ta ɗauki hotonta da waya. Ya ce ba a ɗaukar hoton akushin wani yana cikin cin abinci. Da jar ƙasa ta fara hawa tukunyar, yaron goye ma ya san aikin gara ne, amma Mati ya kira mutane su zo su ga yadda baƙonsa ke yaɓe da kansa. Abin da ya kai shi ƙofar dagaci da ƙasaita ke nan.

Ranar Alhamis bayan shari'a bai fita ba. Ranar Juma'a ya ɗauki sandarsa ya shiga bin waɗanda suka taɓa yi masa karatu, ko wani zai tsaya ya faɗi abin da ya karanta. Nan ya gane inda gizo ke saƙar. Duk wanda ya ce ya karanta takardar, ya ce ke nan ya ci zakaran Rubutau, ga shi yanzu kowa ya tara gemu, wasu a sahun gaba suke a masallaci. Wani ya ce shekaru sun cinye masa tunani. Wani ya ce ba shi ba ne, wansa ne, kama ce ta yi yawa. Tsohon hedimasta, Malam Ɗayyabu, ya aiko jikarsa ta ce ba ya nan, alhali ga takalmansa a bakin zaure, ga tarinsa na fitowa daga ciki. An aika wa Iliya saƙo Kafur, shiru ba amsa.

Ranar Asabar ya tafi shagon Alhaji Awaisu, ya same shi a kan buhunan masara yana danna waya.

"Awaisu, ɗan Malam Sadiq."

"Baba Mati, sannu da rana. Gara ta bar ka ka fito?"

"Kai ka karanta takardar nan. Ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba. Kai ne mai cewa a ƙara yaji."

Alhaji ya dubi 'yan dakon da ke tsaye suna jin su, ya ɗaure fuska. "Subhanallahi. Ni? Baba, girma ya fara taɓa ka. Ni ƙafata ba ta taɓa taka ƙofar tsafi ba. Ka je ka nemi shaidarka, Laraba na tafe."

Mati ya dawo gida bai ko sha ruwa ba, ya wuce bayan rumbu, ya tsaya gaban ɗan ɗakin ya riƙe ƙugu. Duk unguwa an ji shi. "Zakara ashirin da tara! Na ba ka ɗaki lokacin da ba mai ba ka inuwa. Shekara uku kacal abinci ya yanke, sai ka juya ka cinye na mai gida? Ko kare ya fi ka haƙuri!" Ya sunkuci tukunyar ya yi jifa da ita kan juji. Ta faɗa kan ƙaiƙayi, ba ta fashe ba.

Inna Mairo ba ta yarda a yi asarar tukunya mai kyau don an yi faɗa da iska. Ta ɗauko ta, ta ce ta sami mazubin ruwan kaji. Ranar Litinin tana tsugune bakin rijiya tana kankare jar ƙasar da soso, sai ga Shafa'atu ta sauka daga kan acaɓa, labarin kunyar ubanta ya kai mata har Malumfashi. Ta gaishe da uwar, idonta ya faɗa kan tukunyar, ta tsuguna ta fara juya ta. Can sai ta zauna dirshan a ƙasa tana dariya har da riƙe ciki.

Mati ya leƙo daga ɗaki. "Ke ma dariyar kika zo yi mani?"

"Baba, ka san abin da ke jikin tukunyar nan?"

"Karce-karcen masu karatu ne. Na Rubutau ne, ba ruwana da su."

"Baba, wannan ai rabin masallacin Juma'a ne da kwatan coci! Ga Malam Ɗayyabu. Ga Iliya, sau huɗu. Inna, kawo ruwa nan wajen." Ta goge wuyan tukunyar da gefen mayafi. "Ga mutuminka. Awaisu Sadiq, Awaisu Sadiq, Awaisu Sadiq. Har da shekara ya sa wa kowanne, ya ja masa wutsiya a ƙasa kamar ta kunama."

Shekara talatin da biyu Mati na kallon zanen nan, bai taɓa kawo wa ransa cewa mutum ma zai iya karanta shi ba. A wurinsa saƙo ne tsakanin mai karatu da iska. Sannan ya karɓe tukunyar daga hannun 'yarsa, ya shiga ɗaki ya lulluɓe ta da rigar saƙi.

"Ashe bai ci duka ba," ya ce.

"Kajina fa?" in ji Inna Mairo.

"Su sha a kasko."

Ranar Laraba taron ya ninka na farko, don duk wanda ya rasa dariyar wancan satin ya zo ramuwa. Iliya ma ya iso a kan babur, ya ce saƙon bai same shi ba sai jiya. Mati ya zo da 'yar shara, ya ajiye ƙunshinsa a lulluɓe, ya zauna.

"Baba Mati, takarda ko shaida?" in ji dagaci.

"Takarda tukuna, ranka shi daɗe."

Ya miƙe, ya rufe ido, ya gyara murya irin ta mai labaran rediyo, har da ɗan tarin da ake yi kafin a fara. "Wannan takarda shaida ce cewa Malam Sadiq ya ba Tanimu Bamaguje fadamarsa ta Rafin Ƙirya, Tanimu kuma ya ba shi gonarsa ta bakin hanya. Musaya ce ta har abada, ba aro ba, ba jingina ba. Gabas ta yi iyaka da tsamiya biyu, yamma da rafi, kudu da dutsen da ya tsage, arewa da layin gamba." Ya bi ta har ƙasa, da sunayen shaidun da duk sun rasu. Bai tsaya nan ba, ya zarce cikin takardar maganin feshi, yana gargaɗin a nisanta daga yara, sai da dagaci ya ɗaga masa hannu.

Alhaji Awaisu ya yi dariya. "Ranka ya daɗe, ko aku aka ajiye shekara talatin zai yi wannan."

"Hadda ba shaida ba ce, Baba Mati," in ji dagaci. "Wa ya ga takardar da idonsa?"

Mati ya yaye rigar saƙi. Tukunya ta fito fes, ta sha wanki, zane ya zagaye ta kamar tsagar fuska. Ya tura ta gaban magatakardan dagaci. "Duk wanda ya karanta ta ya sa hannu nan. Ni ban iya ba. A karanta wa jama'a."

Magatakarda ya sa tabarau ya fara kira. Suna na farko, wani dattijo a gaba ya sunkuyar da kai. Suna na uku, wani ya tuna ya bar akuya a sake. Kafin na shida mutum huɗu sun miƙe, dagaci ya ce kowa ya koma ya zauna, ba inda za shi. Akwai wani suna da magatakarda ya kai kansa ya yi tari ya tsallake, dagaci kuma ya shiga gyaran rawani. Kowa dai ya san a wancan zamanin Maiwada bai gaji sarauta ba, malamin firamare ne, kuma ba ya wasa da nama.

Iliya ya miƙe. "Ni sau huɗu na karanta. Abin da Baba ya faɗa, haka yake, kalma da kalma. Zakaran ma na ci, in fasto ya ji ya ji."

Malam Ɗayyabu ya ga tunda suna ya riga ya fita ba sauran abin ɓoyo, ya dafa sanda ya tashi. "Musaya ce. Allah na tuba da zakara, amma ba zan ƙara da ƙarya ba."

Sai magatakarda ya juya wuyan tukunyar. "Awaisu Sadiq." Ya ɗan matsa. "Awaisu Sadiq." Ya ƙara matsawa. "Har yanzu dai Awaisu Sadiq."

Ɗaya daga cikin 'yan dakon shagon Alhaji ya ce, ba da ƙarfi sosai ba amma kowa ya ji, "Ƙafar ce ba ta taka ba, hannun ya je."

Dagaci ya ɗauko takardar ƙarar da Alhaji ya rubuto, ya ɗora ta kusa da tukunyar. Wutsiyar kunamar nan da ke ƙasan sunan, ita ce dai, ko ƙiba ba ta ƙara ba.

"Alhaji, hannunka ne?"

"Ƙuruciya ce, ranka ya daɗe."

"Ba shekarunka na tambaya ba. Abin da ka karanta sau uku, aro ne ko musaya? In ka tsaya a kan aro, ga liman nan zaune, a kawo Alƙur'ani."

Alhaji ya dubi liman, ya dubi ƙasa, ya cire hula ya mayar. Ciniki daban, rantsuwa daban, wannan ko a kasuwar Dandume an sani. "Abin ya daɗe," ya ce. "Mai yiwuwa musayar ce."

Nan take dagaci ya yanke, fadama ta Mati ce. Magatakarda ya rubuta sabuwar takarda, aka sa hannu, Mati ya dangwala yatsa. Kafin ta kai hannunsa Shafa'atu ta fizge ta ɗauki hotonta gaba da baya, Inna Mairo kuma ta zaro leda daga ƙugu, ashe tun daga gida ta zo da ita.

Jama'a sun fara miƙewa, Alhaji Awaisu ya ga in ya tafi haka ba zai iya zama a shago ba wata guda. Ya kaɗa babbar riga ya ɗaga murya yadda kowa zai ji.

"To Baba Mati, ka ci gona. Amma ka faɗa wa jama'a gaskiya, wane irin iska ne wannan naka, da takarda ɗaya tak ya kasa tsarewa gara ta cinye?"

Mati na ɗaure tukunyarsa cikin riga, bai ko ɗago ba sai da ya gama ƙulli.

"Alhaji, ita gara ba ta yi makaranta ba. Ba ta san abin da ke ciki ba ta ci, na yafe mata. Kai sau uku ka karanta, ka ci zakara uku, sannan ka dawo cin gonar."